Idon Kyamara da Idon Hukuma

A watan Satumba na 2025 wani gajeren bidiyo ya fito daga Babban Asibitin Kangiwa, a ƙaramar hukumar Arewa ta jihar Kebbi. Abin da ya tayar wa jama'a da hankali a cikinsa shi ne wani dattijo majinyaci kwance a kan ƙarafunan gado zalla, babu katifa. Kafin a ce kwabo bidiyon ya zaga wayoyi daga Kamba har Zuru. Abu biyu suka biyo baya. Jami'an tsaro suka kama ɗan jaridar da ya fitar da shi, Hassan Mai-Waya Kangiwa, suka karɓe wayoyinsa. Cikin 'yan kwanaki kuma Gwamna Nasir Idris ya dakatar da kwamishinan lafiya. Gwamnati dai ta yarda akwai ɓaraka, amma wanda ya nuna ɓarakar shi ya fara shiga hannu.

Tambayar da wannan ya tayar ta wuce Kangiwa. A jami'ar tarayya da ke kan hanyar Kalgo zuwa Bunza, da majalisun samari na garin Gwandu, akwai matasa da dama da suka iya ɗaukar hoto da waya, suka iya yankawa da haɗawa, kuma ransu na raya musu su mayar da abin sana'a. Ba fim ɗin soyayya irin na Kano suke nufi ba. Suna nufin fim ɗin bincike, wanda babu ɗan wasa a cikinsa: ka je inda abu ke faruwa, ka zauna da mutane watanni, ka dawo da abin da hukuma ba ta so a gani. Shin wannan aiki hidima ce ga al'umma, ko kuwa wasa da wuta ne a lokacin da daji ya cika da masu bindiga? Kuma idan hukuma ta sa wa mai kyamara ido, ta bi sawun wayarsa, ta hukunta gidan talabijin da ya nuna aikinsa, tsaro take yi ko rufe baki?

Masu goyon bayan hukuma suna da hujjoji, kuma ba hujjojin wasa ba ne. Mafi ƙarfinsu ta fito ne daga Zamfara. A ƙarshen watan Yuli na 2022 sashen binciken BBC Africa Eye ya saki fim a kan shugabannin 'yan bindigar jihar. Wani matashi ɗan Zamfara, Yusuf Anka, wanda ya karanci shari'a, shi ya shafe shekaru yana shiga daji da ƙauyuka da kyamara. A fim ɗin an ga Ado Aleru zaune cikin natsuwa yana cewa satar mutane aikin yaransa ne, shi nasa kisa ne. An ga Abu Sani yana iƙirarin shi ya kitsa sace 'yan matan Jangebe na watan Fabrairun 2021, yana cewa an biya shi naira miliyan 60 kuma bindigogi ya saya da su. Watanni kafin wannan, a watan Maris, Trust TV ta nuna nata fim ɗin, wanda ɗan bindiga Bello Turji ya yi magana a cikinsa. Ministan yaɗa labarai na lokacin, Lai Mohammed, ya ce wannan kambama ta'addanci ne kuma sai an hukunta. Ranar 3 ga Agusta hukumar kula da kafafen yaɗa labarai, NBC, ta ci Trust TV tarar naira miliyan 5, ta kuma ci Multichoice da TSTV da Startimes miliyan biyar-biyar saboda sun nuna na BBC.

Da minista kaɗai ya yi magana da sai a ce aikinsa yake yi. Amma Kadaria Ahmed, gogaggiyar 'yar jarida, 'yar asalin Zamfara, wadda ta taɓa aiki da BBC ɗin kanta, ita ma ta fito ta soki fim ɗin. Ma'anar sukarta ita ce BBC ba za ta taɓa ba wanda ya kashe 'yan Ingila irin wannan fili ya baje kolinsa ba, to me ya sa za ta yi haka da jinin mutanenmu? Akwai ƙanshin gaskiya a nan. Daga 1988 zuwa 1994 gwamnatin Birtaniya ta hana gidajen rediyo da talabijin sa muryar shugabannin Sinn Féin, har ta kai ana nuna fuskar Gerry Adams amma wani ɗan wasa ne ke karanta maganarsa. Ɗan bindiga yana buƙatar suna kamar yadda yake buƙatar harsashi. Ranar da ƙauye ya ga fuskarsa a talabijin yana dariya, harajin da zai ɗora musu gobe ya fi saurin fitowa. Yaron da ke kiwo a bakin daji, wanda bai taɓa ganin an nuna wani nasa a ko'ina ba, ya ga an nuna wannan. Kuma a lokacin kotu ta riga ta ayyana waɗannan ƙungiyoyi a matsayin 'yan ta'adda tun watan Nuwamban 2021.

Hujja ta biyu ita ce sirrin yaƙi. Ranar 6 ga Janairun 2019 sojoji suka dira ofisoshin jaridar Daily Trust a Abuja da Maiduguri, suka kwashe kwamfutoci, suka tafi da editan shiyyar Arewa maso Gabas, Uthman Abubakar, da wakilin jaridar Ibrahim Sawab. Laifin shi ne jaridar ta buga cewa ana shirin kai farmakin ƙwato Baga daga hannun Boko Haram. Soja zai ce maka: ɗana ne ke cikin motar da za ta bi wannan hanya gobe, kai kuma ka sanar da wanda zai dasa masa nakiya. Duk mai adalci zai ɗan yi shiru kafin ya amsa wannan.

Ta uku ta shafi leƙen asirin kansa, kuma mu a Kebbi ba sai an yi mana dogon bayani ba. Ranar 17 ga Yunin 2021 aka kwashe ɗaliban Kwalejin Gwamnatin Tarayya ta Birnin Yauri, wasu 'yan matan suka kusan shekara biyu a hannun Dogo Giɗe. A watan Nuwamban 2024 Lakurawa suka kashe mutanen Mera a ƙaramar hukumar Augie. A watan Nuwamban 2025 aka shiga makarantar 'yan mata ta Maga, aka kashe mataimakin shugaban makarantar, aka tafi da ɗalibai 25. Ka je ka samu uban da 'yarsa ke daji ka ce masa sauraron wayar mutane keta haƙƙi ne, ka ji abin da zai faɗa maka. Zai ce a saurari ta kowa, a fara da tasa. Tsarin mulkin 1999 ma da ya ba da 'yancin sirri a sashe na 37 da 'yancin faɗar albarkacin baki a sashe na 39, ya dawo a sashe na 45 ya ce ana iya taƙaita su saboda tsaro da zaman lafiya.

Akwai ta huɗu, wadda ba daga ofis take fitowa ba, daga zaure take fitowa. Dattijo zai kira ɗan ƙanensa ya ce: "Kai yaro, garinku ne fa. In ka ga ɓarna ka zo ka gaya mana, mu san wanda za mu gani. Ba a tallar tsiraicin gida." Tarbiyyarmu ta ginu a kan sutura. Suratul Hujurat ta hana bin diddigin aibin mutane, ta kuma yi umarni a tantance labari kafin a yi aiki da shi. Sannan kowa ya san ba duk mai riƙe da waya ne ɗan jarida ba. Akwai sojojin baka da ɗan siyasa ke saya wa data, su ɗauko rufin makaranta da ya yaye a mazaɓar abokin hamayya, su rufe ido a kan na mazaɓar ubangidansu. Akwai mai ɗaukar bidiyo ya kai wa shugaban ma'aikata ya ce ko a gan shi ko ya saki. Duk wanda ya ce babu irin waɗannan bai zauna da 'yan jarida ba.

To, ga abin da ɗaya ɓangaren ke cewa, kuma ba zan ɓoye ba nan na fi karkata, ko da yake ba gaba ɗaya ba.

A fara da Ado Aleru. Kwana tara kafin BBC ta saki fim ɗinta, ranar 16 ga Yulin 2022, an naɗa shi Sarkin Fulanin 'Yandoto a fadar sarki, da rana tsaka, a gaban taron jama'a, abin da ya sa gwamnatin Zamfara ta dakatar da sarkin bayan an yi ca. Mutumin nan tun 2020 'yan sandan Katsina suka sa ladan naira miliyan 5 ga wanda ya taimaka aka kama shi. Ya zo gari, an naɗa masa rawani, ya koma daji lafiya lau. Bayan mako biyu da 'yan kwanaki aka ci gidan talabijin tarar miliyan 5, daidai kuɗin da aka sa a kansa. Idan ana neman wanda ya kambama ɗan bindiga, rawani ya riga kyamara. Kuma fim ɗin bai tsaya a bakin 'yan bindiga ba. Ya nuna gawarwaki, ya nuna 'yan sa-kai, ya nuna yadda rikicin ya koma gaba tsakanin Hausawa da Fulani, kowane ɓangare da ƙorafinsa da jininsa. Mutumin Legas da Abuja da ke jin "an kashe mutum talatin a Zamfara" yana ci gaba da shan shayinsa, a nan ya fara ganin fuskoki.

Kotu ma ba ta tsaya wa hukumar ba. A watan Mayun 2023 Mai Shari'a James Omotosho na Babbar Kotun Tarayya a Abuja ya yanke cewa NBC ba kotu ba ce, ba ta da hurumin cin tara. A watan Janairun 2024 Mai Shari'a Rita Ofili-Ajumogobia ta soke tarar da aka ci waɗancan tashoshi huɗu, a ƙarar da ƙungiyar Media Rights Agenda ta shigar. Kotunan ba su ce fim ɗin ya yi kyau ko bai yi ba. Abin da suka ce shi ne mai ƙara ba ya zama alƙali a shari'arsa. Wannan shi ne tsakiyar maganar. Hukuma na iya yin gaskiya cewa wani fim na da haɗari, amma idan ita ce mai tuhuma, ita ce mai yanke hukunci, ita ce kuma wadda fim ɗin ya kunyata, babu mai iya bambance tsaron ƙasa da tsaron kujera.

Cewa kuma kyamara ba ta gyara komai, sai tayar da ƙura, tarihi na kusa ya ƙaryata. Shekara da shekaru malamai suna wa'azi a kan shan maganin tari mai kodin, iyaye suna kuka a Kano da Katsina da Sakkwato. A ƙarshen Afrilun 2018 fim ɗin Ruona Meyer ya nuna yadda ake fitar da maganin ta bayan gida daga kamfanoni, ya nuna matasa ɗaure da mari a wani gidan gyaran hali a Kano. Washegari gwamnatin tarayya ta haramta haɗawa da shigo da maganin tari mai kodin. Ba wai an daina shaye-shaye ba ne, kowa ya sani, amma abin da wa'azin shekaru bai motsa ba hoto ya motsa shi cikin kwana ɗaya.

Sai batun idon hukuma. Babu mai hankalin da zai ce kada a bi sawun wayar mai garkuwa. Abin tambaya shi ne wa wannan ido ya fi saurin gani. Kuɗin da aka kashe ba kaɗan ba ne. A 2013 Premium Times ta bankaɗo kwangilar dala miliyan 40 da aka ba kamfanin Elbit na Isra'ila don sa ido a kan intanet. A ƙarshen 2020 cibiyar Citizen Lab ta Jami'ar Toronto ta sa Najeriya cikin ƙasashen da ke amfani da kayan kamfanin Circles, masu iya gano inda waya take da sauraron kira ba tare da an taɓa wayar ba. A ƙaramin kasafin 2021 an ware wa hukumar leƙen asiri ta NIA sama da naira biliyan 4.8 don katsalandan a saƙonnin WhatsApp da wayar Thuraya. Tun Disamban 2020 aka tilasta wa kowa ya haɗa layinsa da lambar NIN. Tsofaffi daga ƙauyukan Gwandu da Kalgo sun sha layi a rana saboda wannan. Duk da haka masu garkuwa suna kiran iyaye su yi cinikin fansa na makonni, wasu ma suna baje kuɗi a TikTok. Ministan da ya kawo tsarin, Isa Ali Pantami, da kansa ya fito a Janairun 2024 ya koka cewa jami'an tsaro ba sa amfani da bayanan yadda ya kamata.

Amma in ɗan jarida ake nema, na'urar ba ta kuskure. A watan Agustan 2018 'yan sanda na neman Samuel Ogundipe na Premium Times saboda ya buga wani rahoton sufeton 'yan sanda, suna son ya faɗi wanda ya ba shi. Kamar yadda kwamitin kare 'yan jarida na CPJ ya gano, sai suka duba bayanan kiransa, suka ga abokiyar aikinsa da yake yawan magana da ita, suka tsare ta, suka sa ta kira shi. Haka wayoyi da kwamfutocin da aka kwashe daga Daily Trust: an bi su da na'urar tatsar bayanai, ana neman wanda ya tsegunta labarin Baga. A watan Satumban 2021 kuwa aka rufe layukan waya a Zamfara ɗungurungum, aka bi da sassan Katsina da Sakkwato da Kaduna. 'Yan bindiga suka ci gaba da harkarsu, mutanen ƙauye ne suka rasa hanyar kiran agaji, labarin abin da ke faruwa kuma ya daina fita. Ko a batun Maga, Gwamna Nasir Idris da bakinsa ya nemi a bayyana wanda ya ba da umarnin janye sojojin da ke wurin jim kaɗan kafin a kai harin. In gwamna guda yana neman a faɗa masa gaskiya a bainar jama'a, ina ga talaka? Wa zai tono masa, in an kori masu tonowa?

Ga maganar dattijon zaure kuwa, amsarta na nan cikin Gwandu, ba sai an je Turai ba. Malam Abdullahi ɗan Fodiyo, wanda hubbarensa ke garin, bai rufa wa nasa asiri irin wannan rufin ba. Ana tsakiyar jihadi ya ga wasu daga cikin abokan tafiya sun karkata ga mulki da dukiya, ransa ya ɓaci har ya bar rundunar ya nufi gabas da niyyar ba zai dawo ba. Mutanen Kano suka tsayar da shi, a can ya rubuta musu Liya'ul Hukkami a kan yadda ake mulki da adalci. Daga baya ya sa wannan ɓacin rai a rubuce cikin Tazyinul Waraƙati, inda ake karanta shi har yau. Suturar da addini ya yi umarni da ita ta mutum ce a cikin gidansa. Gadon asibitin gwamnati, da kuɗin kwangila, da ajin da yara ke zaune a ƙasa, amana ce ta jama'a. Hanin bin diddigi ma, in an duba da kyau, ya fi hawa kan mai sauraron wayar mutane a ɓoye fiye da mai nuna rufin da ya yaye. Kuma shawarar "zo ka gaya mana" tana aiki ne ga wanda ke da kawu a fada.

Duk da haka akwai hujjar da ta fi ta minista da ta soja nauyi a wurina, kuma masu kyamara ba su cika son jin ta ba. Ita ce hujjar mutanen da ke cikin hoton.

Sunan da ake yawan kawowa a wannan sana'a shi ne Laura Poitras, Ba'amurkiyar da ta yi fim a Iraƙi, ya fita a 2006, daga nan aka sa ta cikin jerin waɗanda ake sa wa ido. Ta ce an tsare ta a filayen jirgi fiye da sau 50 cikin shekara shida, ana yi mata tambayoyi, wani lokaci a karɓe mata waya da kwamfuta. Sai ta kwashe kayanta ta koma Berlin don kada a ƙwace abin da ta ɗauka. A can Edward Snowden ya neme ta a farkon 2013, ta same shi a ɗakin otal a Hong Kong a watan Yuni, ta ɗauki fim ɗin Citizenfour da ya tona yadda Amurka ke tattara bayanan wayar jama'a, ya kuma ci kyautar Oscar a 2015. Abin lura a labarinta ba kyautar ba ce. Snowden ya zaɓe ta ne saboda ta iya ɓoye saƙo, ta san yadda za ta kare wanda ya amince da ita. Kuma tana da fasfo da lauyoyi da wata ƙasar da za ta koma. Jaafar Jaafar, wanda ya saki bidiyon dalolin da ake zargin Gwamna Ganduje da karɓa a Oktoban 2018, zargin da gwamnan ya musanta, shi ma da barazana ta yi yawa a 2021 ya samu ya fice zuwa Ingila. Yaron Kalgo ba shi da Berlin. Wanda ya yi masa magana a ƙauye kuwa ko Birnin Kebbi ba shi da wurin kwana.

A ɗauka matashi ya shiga wani ƙauye a bakin daji, wata mata ta yarda ta faɗa masa wanda ke kai wa 'yan bindiga fetur da burodi. Ya yi abin da ya gani ana yi: ya dusashe fuskarta a kwamfuta. A Abuja babu wanda zai gane ta. A ƙauyensu kuwa yaro ɗan shekara bakwai zai gane muryar, zai gane zanen da ta ɗaura ranar suna, zai gane bishiyar darbejiya da rumbun da ke bayanta. Fim ya fita ranar Litinin, mai kyamara yana karɓar yabo a Facebook, ita kuma daren Talata tana jin ƙarar babur ba ta san ko nata ne ya zo ba. Haka ma'aikaciyar jinyar da ta buɗe masa ƙofar ɗakin marasa lafiya. Ba ta fito a hoto ba, amma lambarta na cikin wayarsa, da saƙon muryar da ta tura tana cewa ya zo bayan la'asar lokacin da oga ba ya nan. Ranar da aka kama shi aka ce ya buɗe wayar, shi zai fito bayan kwana biyu da taimakon ƙungiyar 'yan jarida da hayaniyar intanet. Ita za a yi mata canjin wurin aiki zuwa inda mota ba ta zuwa, ko a tsayar da albashinta, babu wanda zai rubuta ko layi ɗaya.

Abin na iya wuce canjin wurin aiki. Bayan fim ɗin Anas Aremeyaw Anas na 2018 a kan cin hanci a ƙwallon ƙafar Ghana, wani ɗan majalisa, Kennedy Agyapong, ya nuna hoton ɗaya daga cikin ma'aikatan Anas, Ahmed Hussein-Suale, a talabijin. Ranar 16 ga Janairun 2019 wasu a kan babur suka harbe shi a unguwar Madina da ke Accra. Anas yana rufe fuskarsa, duniya ta san shi da haka. Wanda aka kashe shi ne wanda rufin bai kai kansa ba.

Shi ma majinyaci yana da haƙƙi. Mutumin da ciwo ya kwantar bai da ƙarfin cewa kada a ɗauke shi, 'ya'yansa da surukansa kuma za su ci gaba da ganin hoton a wayoyin mutane bayan an manta da kwamishina. Wani lokaci babu makawa sai an nuna, don gado babu mutum ba ya motsa zuciya. Amma a nemi izini, in ba na mai ciwon ba na mai jinyarsa, a kuma gaya musu gaskiyar inda hoton zai je. Nan ne dattijon zaure ke da rabin gaskiya, ko da yake ba rabin da yake nufi ba.

Saboda haka ni ban ga laifin matashin Gwandu ko Kalgo ya ɗauki wannan sana'a ba. Jiha mai ƙananan hukumomi 21, da iyaka da Nijar da Benin, da daji a kudu da Lakurawa a arewa, tana buƙatar masu gani da ido fiye da masu karanta sanarwar gidan gwamnati. Sai dai ya san cewa iya ɗaukar hoto shi ne ƙaramin ɓangaren aikin. Babban ɓangaren shi ne wayar aiki daban da ta gida, goge saƙo da zarar an gama da shi, ajiye kwafin abin da ya ɗauka a hannun wani a wani gari, sauya murya da wuri ba fuska kaɗai ba, jin ta bakin wanda ake zargi kafin a saki, da sanin lambar lauya tun kafin a buƙace ta. Idan zai zauna da ɗan bindiga, to ya zauna da shi da tambayoyin da za su ƙure shi, ya kuma sa muryar waɗanda ya kashe wa 'yan uwa kusa da tasa. Ya kuma yarda cewa akwai abin da ake jinkirtawa, irin motsin sojoji kafin farmaki, ba don tsoro ba.

Ita kuwa hukuma, abin da ake nema gare ta bai kai wahalar kama Turji ba. In fim ya yi ƙarya, akwai kotu da dokar ɓata suna. Sashe na 24 na dokar laifukan intanet ta 2015, wanda aka yi ta kama 'yan jarida da shi, an yi masa gyara a Fabrairun 2024 bayan kotun ECOWAS ta ce ya saɓa wa 'yancin magana, amma kamen bai tsaya ba. Ƙa'idar sauraron waya ta 2019 ta ce sai da izinin alƙali, sannan ta buɗe ƙofa: in an ce gaggawa ce, a fara saurare, a nemo izinin cikin sa'o'i 48. Bayanan kira kuwa, wato wa ya kira wa, yaushe, daga ina, babban jami'in ɗan sanda na iya neman su daga kamfanin waya ba tare da ya je gaban alƙali ba, kuma da irinsu aka kamo Ogundipe. Ƙa'idar ta 2019 ta ce duk shekara a haɗa rahoton sauraron da aka yi. Ba majalisa ake kai wa ba, ba a kuma buga shi jama'a su gani. Ministan Shari'a ake miƙa wa, shi kuma shugaban ƙasa ne ya naɗa shi.